Yadda Ka Same Ta

Litinin, 1 ga Nuwamba, 1965. Brisbane.

To, sun yi abin da suka daɗe suna so. Sakataren jam'iyya ya kira ni ofishinsa bayan zaman majalisa, ya miƙo mini sigari, sannan ya ce za a yi zaɓen fid da gwani a mazaɓata ranar ashirin da bakwai ga wata. Wa'adi uku ina kan kujerar nan, ba wanda ya taɓa ɗaga yatsa. Yanzu ɗan tsoho Pollard ya dawo daga karatu, ya ga kujerar ta dace da shi. Wai Lachlan. Na san shi tun yana fitsarin kwance.

Na ce da sakataren su buɗe ƙofa kowa ya shigo. Ni ba gadonta na yi ba.

Abin da ke cin su na san shi. Har yau a ɗakin cin abincin majalisa akwai masu kallon hannuna idan na ɗauki cokali. Eh, hannun mai askin tumaki ne. A rumfar askin su Pollard ɗin na fara, ina sharar ƙasa, bayan na yi aji biyu a sakandare Baba ya ce ya isa haka. Na yi aski har bayana ya lanƙwashe, na bi garke a ƙasa, da gwamnati ta yi ƙuri'ar filaye sunana ya fito a kan wani fili mai duwatsu da suka yi ta yi wa dariya. Yau filin nan nawa, Tarabah, ya fi rabin gandunsu kyau. Wannan ne ba su yafe mini ba.

Wai za a haɗa ni da wani Denholm daga hedikwata ya raka ni yawon neman ƙuri'a. Ban roƙa ba.

Juma'a, 5 ga Nuwamba. Tarabah.

Gida. Ƙasa ta zama toka, ko tsinken ciyawa babu. Shekara ta biyu ke nan ba ruwan sama. Ma'aikata na can suna sare itacen mulga tumaki na bin ganyen, da shi muke riƙe su. Nawa dai a tsaye suke, har matan sun ɗauki ciki, don na san abin da nake yi.

Matata Noela ta tambaye ni ko zan je wurin Clarrie Stace. Na ce yana da katin jam'iyya kamar kowa, me zai hana. Ta ci gaba da murza kwaɓin burodinta, ta ce, "Mutumin da ka sa wa kwaɗo a ƙofa, shi za ka je wa roƙon ƙuri'a?"

Ba roƙo ba ne. Kuma maganar kwaɗon ta san yadda aka yi. Ni da Clarrie kafaɗa da kafaɗa muka yi aski, bargo ɗaya muka raba a hanya. Filinsa na jikin nawa ta yamma, ƙarami, sai dai yana da rijiyar burtsatse mai kyau. Shekarar da tumakinsa suka yi ƙwarƙwata suka shafa wa nawa, na yi masa magana sau biyu, ya ce ƙwarƙwatar ma ta fi son jinin masu kuɗi. Na ɗauki sarƙa da kwaɗo na ɗaure ƙofar kan iyakarmu. Na san a ƙasar nan ba a sa wa ƙofa kwaɗo. Na sa. Daga baya na nemi ya sayar mini da filin, sau biyu, da farashi na mutunci. Ya ƙi. Shi ke nan laifina.

Litinin, 8 ga Nuwamba

Denholm ya sauka a jirgin ƙasa. Dogo, mai tabarau, shekarunsa ba su wuce talatin da ɗan wani abu ba, ya karanta shari'a. Takalmi mai tsinin baki, sai ƙyalli. Na dube shi na dubi takalmin.

Ba wawa ba ne, a yi masa adalci. Ya san wa ke fushi da wa a kowane reshen jam'iyya. Amma bai san wanda ke zaune gefen direba shi ke sauka ya buɗe ƙofar shingen gandu ba. Mun tsaya a ta farko yana kallona ina kallonsa.

Talata, 9 ga Nuwamba

A gandun Hoolihan ya buɗe ƙofa na wuce, ya tura ta kawai ya shigo mota, bai saƙala sarƙar ba. Da ban duba madubi ba da shanun mutumin suna kan titi. Na tsaya na wanke shi tas. Na ce, "Duk ƙofar da muka wuce, ka rufe ta, ka ja ka ji ta kama. Ka ji ko? Duk." Fuskarsa ta yi ja har kunne. Ya ce ya ji, ba za a sake ba.

Na ba Noela labarin a kan abincin dare, na kwaikwayi yadda yake gudu a cikin yashi da takalmin nan. Ta yi dariya.

Hoolihan yana tare da ni. Ya ce Lachlan ya zo musu da magana mai daɗi amma bai san tunkiya daga rago ba sai ya leƙa.

Alhamis, 11 ga Nuwamba

Zafi kamar a bakin tanda. Gida biyar muka yi, na ƙarshe na Clarrie. Sai da muka zagaya ta babban titi, tunda ta wajenmu a ɗaure take.

Ƙofarsa ta ciki, wadda ke tsakanin babban makiyayarsa da wajen rijiya, a buɗe muka same ta, an tokare da ice. Tafkinsa na can ciki ya ƙafe ke nan, tumaki na zuwa rijiya su sha su koma. Ya ma jinkirta buɗe ta, ni tun watan jiya na faɗa a raina tafkin ba zai kai ba. Muna wucewa kaɗan lagireto ya tafasa, na shiga ƙarƙashin bonet ina fama da tsumma da jarkar ruwa, Denholm ya ce zai ɗan miƙe ƙafa.

Duk wannan wahala, gidan ba kowa. Kare kawai a ɗaure da bokitin ruwa da ƙashi. A hanya aka ce mana ya kai matarsa Thelma asibitin Bindarra, ƙirjinta ya tashi.

Da yamma Denholm na cire takalmi a baranda, ƙafa duk bororo, ya ce da ni cikin jin daɗi yau ko ɗaya bai bari a buɗe ba. Na ce madalla, ka fara zama mutum. Na ba shi giya mai sanyi.

Jawabin ranar taro nake ta juyawa a kai. Zan fara da rumfar aski, a gaban tsoho Pollard.

Asabar, 13 ga Nuwamba

Bindarra. A mashayar otal kowa sai "Merv, Merv." Yaron nan Lachlan ba zai kai labari ba. Na so in leƙa Thelma a asibiti, lokaci bai bari ba.

Litinin, 15 ga Nuwamba

Noela ce ta ji. Wayarmu ɗaya ce da gidajen da ke kan layin nan, in ta yi ƙara kowa na ɗagawa ya saurara, kowa kuma ya san kowa na yi. Ta ɗaga da safe ta ji matar Hoolihan na gaya wa ƙanwarta.

Clarrie ya dawo jiya ya tarar an rufe ƙofar rijiya. Tun yaushe, bai sani ba. Tumakin sun zo sha suka tarar da shinge, suna jin ƙanshin ruwa, suna ganin kwamin, suka yi ta turo juna a jikin waya. Fiye da rabi sun mutu. Tumaki matan da ya riƙe shekara biyu da gatari da ganyen mulga, su ne.

Noela ta ajiye wayar ta tsaya tana kallona. Ta ce ranar Alhamis ba can kuka je ba?

Na ce mun je, a buɗe muka same ta, a buɗe muka wuce. Ni zan rufe ƙofar da aka tokare? Ni?

Talata, 16 ga Nuwamba

Denholm ne.

Bai jira na tambaya ba. Ya same ni a wajen injin ruwa, tabarau a hannu. Ya ce lokacin da nake ƙarƙashin bonet ya waiwaya ya ga mun bar ƙofa a buɗe, ya koma, ya cire icen, ya rufe, ya ja ya ji ta kama. Yadda na ce. Ya zaci iska ce ta buɗe ta, ko wani sakarai irinsa ya manta.

Na ce iska ce ke tokare ƙofa da ice a garinku? Na faɗi wasu maganganun da ba zan rubuta ba. Ya tsaya ya shanye, bai kare kansa ba. Ya juya bayan tanki ya yi amai.

Laraba, 17 ga Nuwamba

Ban taɓa ƙofar nan ba. Ko da yatsa.

Alhamis, 18 ga Nuwamba

Na je. Ni kaɗai, ta babban titi.

Tun daga nesa hankaki. Warin kuwa ya shiga cikin mota kafin in ga shingen. Sun taru a kusurwa, wasu a kan wasu, waɗanda ke gaba kawunansu a cikin waya. Clarrie na durƙushe a tsakiyarsu da buhu, yana tuge gashin matattun. Idan gawa ta kwana uku a rana gashin na fita da hannu, ana sayar da shi da araha, ya fi babu. Na yi wannan aikin ina yaro, na rantse ba zan sake ba.

Bai ɗago ba. Ya ce, "Onarabul da kansa. Ka yi haƙuri ba kujera."

Ya tsufa. Wuyansa kamar na kaza.

Na tambayi Thelma, ya ce da sauƙi, bai gaya mata ba tukuna. Sai ya miƙe ya kai ni bakin ƙofar, ya nuna ƙasa da tsinin takalminsa. Sawun taya sabuwa, wadda duk yankin nan motata kaɗai ce ke da ita. Gefe kuma sawun takalmi mai tsinin baki, ya je ya dawo. Ya ɗora tsohon kwano a kan ɗaya don kada iska ta share.

Na buɗe baki, ya riga ni. Ya ce, "Na san ba ƙafarka ba ce, Merv. Amma ba takalmin ne ya tuƙo kansa nan ba."

Na ce zan aiko masa da tumaki mata daga cikin nawa, masu ciki, ya mayar da garkensa. Ya yi wata dariya ta hanci. Ya ce saura kwana tara zaɓe, ashe ƙuri'arsa ta yi tsada haka. Ya ce in riƙe kayana a bayan kwaɗona.

Da wani ne da na tafi. Na cire kwat na rataye a shinge, na ɗauki buhu. Ya ce rigar majalisa za ta yi wari. Na ce majalisar ta fi nan wari. Na durƙusa gefensa. Muka tuge har rana ta yi ƙasa, muka ja su tari tari, ya zuba kalanzir. Har yanzu na fi shi sauri, kuma ya lura.

Da zan tafi bai ce na gode ba. Ban jira ba.

Noela ta sa na tuɓe a waje.

Asabar, 20 ga Nuwamba

Yanzu labarin ya canza riga. Wai da gangan na yi, don Clarrie ya karye ya sayar mini da rijiyarsa. Sau biyu na nema, kowa ya sani, ga kwaɗo shaida. A mashaya na shiga aka yi tsit, wani ya ce da mai zuba giya ya rufe ƙofa, a'a, ya bar ta, ga gwani ya zo. Aka bushe da dariya a cikin kofuna.

Na sha giyata a tsaye har ƙasa, a hankali, na fita. Daga gidan Pollard maganar ta fito, ko rantsuwa zan yi. Su da kakansu ya kori mutane daga bakin kowane ruwa a ƙasar nan, yau su ne masu tausayin ƙaramin makiyayi.

Clarrie bai gaya wa kowa maganar takalmin ba. Taya kawai aka sani. Ban san me yake nufi da haka ba.

Litinin, 22 ga Nuwamba

Duk da haka na sa aka loda tumakin a babbar mota aka kai wa Clarrie. Kafin azahar sun dawo. Direban ya ce ko saukewa bai bari an yi ba, ya ba shi shayi ya ce ya gai da Onarabul.

Taurin kai kamar na alfadari. Tun muna samari haka yake.

Laraba, 24 ga Nuwamba

Denholm ya dawo daga gari da saƙon hedikwata. Ranar Asabar kafin a jefa ƙuri'a zai miƙe a gaban taro ya ce shi ya rufe, ba da sanina ba. Mutane za su yi wa ɗan birni dariya, su zage shi, su huce. Ranar Litinin ya koma Brisbane ya ajiye aiki. Sakataren ya ce da haka kujerar na hannuna, ba tare da haka ba kuwa kada in yi tsammani.

Shi Denholm ɗin ya yarda. Ya ce gaskiya ce ai. Yana da mata da jaririya, ya taɓa nuna mini hoto a mota.

Na ce to. Gaskiya ce ai. Me ya rage?

Alhamis, 25 ga Nuwamba

Noela. Tana guga, ko kallona ba ta yi. Ta ce in tuna mata abin da na ce da mutumin nan a gandun Hoolihan, wanda na ba ta labari har da kwaikwayo. Na ce na ce ya riƙa rufe ƙofa. Ta ce a'a, faɗi yadda ka faɗa. Na ƙi maimaitawa. Ta ce, "Duk, ka ce. Har sau biyu. Rabin magana ka koya masa, Merv, ya kuwa riƙe ta da kyau."

Na ce ɗan shekara biyar a nan ya san ƙofa yadda ka same ta haka kake barin ta, a rufe ko a buɗe. Ta ce ɗan shekara biyar na nan, eh.

Ta ƙara da cewa a gandun Hoolihan na duba madubi, a na Clarrie ban duba ba.

Na fita wajen karnuka. Shekara talatin ina aure da matar nan, ba ta taɓa zaɓar ranar da ta dace ba.

Juma'a, 26 ga Nuwamba

Jawabina a shirye yake. Ba zan sauya ko kalma ba saboda wata ƙofa.

Lahadi, 28 ga Nuwamba

Jiya ban iya rubutu ba.

Ɗakin taron Bindarra ya cika, motoci har bakin layin dogo. Mata sun jera shayi da waina a baya. Lachlan ya yi magana, ba laifi, an koya masa. Na yi tawa, na fara da rumfar aski kamar yadda na shirya, na ga kawuna na gyaɗawa. Na ji ɗakin na dawowa hannuna, na san wannan jin.

Sai tsoho Pollard ya miƙe da sandarsa. Wai tambaya ɗaya ce gare shi, ta makiyayi ga makiyayi. Wa ya rufe ƙofar Stace?

Denholm na gefena, na ji kujerarsa ta motsa, ya dafa gwiwa zai tashi. Na dubi Pollard, yana murmushin nan nasa, irin wanda yake yi mini ina riƙe da tsintsiya a rumfarsa. Na gane abin da yake jira ya gani: Merv Kinnane ya ɓuya a bayan mai takalmin birni. Ya san da saƙon hedikwata, tabbas. In na ci ma, da wannan zai riƙa gabatar da ni har in mutu.

Na kama gefen kwat ɗin Denholm na mayar da shi zaune, har sai da ɗinki ya yi ƙara.

Na ce, "Motata ce. Ni ke kan sitiyari."

Ya ce na gan ta a buɗe? Na ce na gani. Ya ce an bar ta yadda aka same ta? Na ce ba a bar ta ba. Ya ce to wa ya sauka? Na ce na riga na ba shi amsa, wanda ke tuƙi shi ke da ƙofa, haka na taso na tarar, in a gidansu an sauya ban ji ba.

Wani daga baya ya ce da gangan ne ko kuwa? Nan ne jinina ya hau. Na ce kwaɗon da na sa wa Clarrie da rana tsaka na sa shi, kowa ya gani, in zan cuci mutum ba na bin bayan gida.

Sai muryar Clarrie daga bakin ƙofa. Ban ma san ya zo ba, yana tsaye da hula a hannu. Ya ce, "Ba da gangan ba ne. Na san Merv shekara arba'in, ba shi da wannan wayon."

Aka yi dariya, ta gaske wannan karon. Na zaci ma ta wuce.

Ba ta wuce ba. Mutanen nan, da na ce mugunta ce, da wataƙila wasu sun yafe, sun saba da mugu a majalisa. Amma mutumin daji ya wuce ƙofa bai waiwaya ba, wannan ba sa iya haɗiye shi. Hoolihan da kansa ya kasa haɗa ido da ni wajen akwatin. Lachlan ya ci. Ba da yawa ba, amma ya ci.

Na je na ba shi hannu, na matse har ya ji. Tsoho Pollard ya ce in gai da Noela.

Kada wani ya ɗauka tausayin Denholm na ji. Ba na ɓuya a bayan kowa, shi ke nan. Zan tsaya takara ba jam'iyya, mu haɗu a babban zaɓe, su ga ko kati ke jefa ƙuri'a ko mutane.

Litinin, 29 ga Nuwamba

Na kai Denholm tasha. Hanya duk shi ke sauka yana buɗewa, a kowace sai ya tsaya ya dube ta kafin ya taɓa. Aikinsa na nan, tunda ba abin da ya faɗa. Ya ce zai rubuta wa Clarrie. Na ce Clarrie ya riga ka sani, yana da sawunka a ƙarƙashin kwano.

Jirgi na shigowa ya ce in gaya masa dokar gaba ɗayanta. Na gaya masa. Kalma nawa ce? Ya ce me ya sa ba wanda ya taɓa faɗa masa. Na ce don kowa ya sani.

Na ce ya sayi takalmin kirki.

Alhamis, 2 ga Disamba

Jaridar gari ta ce na "sauka cikin mutunci." Ban sauka ba, ture ni aka yi. Na fara jera waɗanda zan gani kan maganar takara.

An sallamo Thelma. Noela ta kai mata miya, ta babban titi, ta dawo tana mitar nisan hanya da ƙarfi don in ji.

Talata, 7 ga Disamba

Na bi shingen yamma a kan doki. Sarƙar nan ta kan iyaka duk ta yi tsatsa, mabuɗin ma ban san inda yake ba. Ina bukatar sarƙa a wajen injin ruwa, ba dalilin da za ta zauna a can tana lalacewa. Na yanke ta da zarto.

Alhamis, 9 ga Disamba

Na sa a mayar da tumakin nan masu ciki makiyayar yamma, can mulga ta fi yawa. Kwamin ruwan wajen na yoyo, na rufe bututun sai an gyara. Shugaban ma'aikatana ya ce ranka ya daɗe jiya ya duba shi lafiya lau. Na ce yana yoyo. Ya ce to ina za su sha? Na ce tunkiya ba ta rasa hanyar ruwa in ba a tare ta ba.

Ya dube ni, ya gyara hula, ya ce lallai yana yoyo.

Na buɗe ƙofar kan iyaka na tokare ta da ice, na buga shi ƙasa sosai. Rijiyar Clarrie na nan kusa. In suka haihu a gefensa, wanda ke riƙe da wuƙa shi ke tsaga kunne ya sa shaidarsa, ni ba ni da lokacin bin kunnuwan 'ya'yan tumaki.

Lahadi, 12 ga Disamba

Noela ta tambayi maganar takara. Na ce tana nan. In an yi ruwa zan shiga gari.

Da sassafe na je yamma duba shinge. Tumakin sun yi hanya, ta bi ta ƙofar ta miƙe har rijiya. A ɗaya gefen akwai sawun dokin Clarrie, na jiya. Ya zo daidai bakin ƙofar ya tsaya. Ya daɗe, don dokin ya yi kashi a wurin, ga guntayen taba a ƙasa. Sawun takalminsa ya zo har jikin icen, ya tsaya, ya koma.

Ya bar ta yadda ya same ta.

Dole ne ai, doka ce. Ba wani abu ba.